An kori mahaifina daga aikin tuƙi a hukumar sufuri, kotu zata iya mayar dashi? Ga amsa

Wa'alaikumus salam ɗan'uwa, Allah ya yaye wa Baba wannan damuwa. Na karanta saƙonka sau biyu. Kace mahaifinka direban bas ne a hukumar sufuri ta jiharku, shekara goma sha huɗu yana ja musu mota, sai aka zarge shi da ɗaukar fasinjan hanya yana sa kuɗin a aljihu ba'a rubuta a manifes, wato takardar sunayen fasinjoji, ba, aka dakatar dashi wata huɗu babu albashi, daga baya kawai aka miƙo masa takardar kora, kuma kace ko sau ɗaya ba'a zaunar dashi gaban kwamiti ba. Tambayarka ita ce kotu zata iya duba wannan hukunci ta mayar dashi bakin aiki?

Eh kotu tana dubawa. Amma inaso tun daga farko ka gane irin duban da take yi, domin anan ne mutanenmu da yawa suke shiga da zato ɗaya su fito da takaici. Alƙali bazai zauna yana tambayar ko Baba mutumin kirki bane, ko limamin unguwa zai shaide shi, ko bai taɓa haɗari ba a shekara goma sha huɗu. Abinda zai fi zuba wa ido shine wane irin aiki ne aka ɗauki Baba, wace hanya aka rubuta cewa sai an bi kafin a kore shi, kuma an bi ta ko an tsallake. Takarda da kwanan wata, su ne ke cin shari'ar aiki, ni dai abinda na gani kenan a shekarun da nayi ina shiga irin wannan ƙara.

Kotun da zaku je ba majistare bace, ba kotun shari'ar Musulunci bace, ba kuma babbar kotun jiha ba. Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce. An kafa ta tun 1976 amma da can ƙarfinta kaɗan ne, sai gyaran kundin tsarin mulki na uku na 2010 ya ɗaga ta, sashe na 254C ya bata ita kaɗai hurumin duk wata rigima ta aiki da ma'aikaci, kora ce, albashi ne, fansho ne, dakatarwa ce. Tana da rassa a Kano da Kaduna da Sakkwato da Jos da Abuja da sauran wurare. Ina nanata wannan ne saboda na sha ganin wanda ya ɓata shekara guda a kotun da bata da hurumi, a ƙarshe a kori ƙarar ace ku tafi inda ya dace, lokacin kuwa wa'adi ya riga ya wuce.

To yanzu babbar magana. A dokar Najeriya ma'aikata ba iri ɗaya bane a idon kotu. Akwai wanda doka ce ta tsaya wa aikinsa, wato dokar da ta kafa hukumar ko ƙa'idojin da aka fitar a ƙarƙashinta sun faɗi ƙarara yadda za'a ɗauke shi da yadda za'a ladabtar dashi. Akwai kuma wanda aikinsa yarjejeniya ce kawai tsakanin maigida da yaronsa. Na farkon in aka kore shi ba bisa ƙa'ida ba kotu tana cewa korar bata faru ba sam, ta mayar dashi kan kujerarsa, a biya shi duk albashin da ya wuce kamar bai taɓa barin aiki ba. Wannan shine abinda Kotun Ƙoli ta tsayar a shari'ar Shitta-Bey a 1981 da kuma shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas a 1985, kuma har yau a kansu ake tafiya. Na biyun kuwa kotu bata cika tilasta wa maigida ya ci gaba da zama da wanda baya so ba, diyya ake bayarwa.

Kar kace ai hukumar gwamnati ce, kenan Baba yana cikin kashin farko. A'a, ba haka take ba. A shari'ar Idoniboye-Obu da NNPC a 2003 Kotun Ƙoli tace kasancewar gwamnati ce ta mallaki wuri ko doka ce ta kafa shi bai isa ya mai da kowane ma'aikacinsa wanda doka ta tsaya masa ba. Kuma harkar sufuri tafi ko'ina rikitarwa ta wannan fuskar, a tasha ɗaya zaka samu mai sayar da tikiti wanda cikakken ma'aikacin gwamnati ne mai lambar fayil da matakin albashi, ga direban kwantiragi da ake sabunta masa duk shekara, ga wanda motarsa ce ya shigo da ita aka shafa mata fentin hukuma yana biyan kaso, ga kwandasta wanda direba ne ma ya ɗauko shi hukuma bata san da zamansa ba. Dukkansu da riga iri ɗaya zaka gansu amma a kotu ba ɗaya suke ba. Don haka abu na farko da zakayi yau ɗinnan, ka tambayi Baba takardar ɗaukar aikinsa da ta tabbatarwa in an bashi, da littafin sharuɗɗan aiki, da takardun albashi. Abinda aka rubuta a ciki shi zai gaya mana wane kashi yake.

Ka lura kuma, shi mai ƙara ne doka ta ɗora wa nauyin kawo waɗannan takardu ya nuna wa kotu ga sharaɗin, ga inda aka karya shi. Baka zuwa kace an zalunce ni kawai kayi shiru.

Mu ɗauka Baba cikakken ma'aikaci ne. Hanyar da aka saba, kuma ita ce a cikin dokokin aikin gwamnati na tarayya waɗanda jihohi da hukumomi da yawa suka kwaikwaya, tana farawa da kweri, wato takardar tuhuma, a rubuce wanda ya faɗi laifin dalla dalla, ranar kaza, mota lamba kaza, hanya kaza, ba wai a rubuta rashin ɗa'a kawai a barshi ba. A bashi lokaci ya amsa, a na tarayya awa 72 ne. In amsar bata gamsar ba a kafa kwamiti, a sanar dashi ranar zama, duk takardar da za'a yi amfani da ita a kansa a nuna masa, in an kira shaida yana da damar ya zauna yaji ya kuma yi masa tambayoyi. Wanda ya kawo ƙorafin bazai zauna cikin masu yanke hukunci ba. Sannan wanda doka ta bawa ikon kora shi kaɗai ne zai kora, in dokar tace hukumar gudanarwa ce to manajan tasha bashi da wannan ikon ko da kuwa Baba ya aikata abin. Tushen duk wannan shine sashe na 36 na kundin tsarin mulki na 1999, haƙƙin a saurare ka kafin a hukunta ka. Bahaushe ma ai ya riga ya faɗa, ba'a yi wa mutum aski a bayansa.

Maganar da kayi cewa ba'a kira shi gaban kwamiti ba tana da nauyi, amma sai na tambaye ka, an bashi kweri? Ya amsa? Me ya rubuta? Domin kotuna sun sha cewa sauraro ba lallai sai baki da baki ba, in sharuɗɗan aikin basu wajabta zaman kwamiti ba to kweri da amsa a rubuce na iya wadatarwa. Kuma anan ne nake ganin abinda yake ci min rai. Akwai wani bawan Allah mai sayar da tikiti da ya zo ofishina shekarun baya, takardunsa a cikin leda baƙa ya naɗe su da roba, duk gefensu yayi laushi saboda yawan buɗewa. An zarge shi da giɓin kuɗi. Ya rantse min bai ci ko sisi ba, kuma da muka bi rasit ɗin ɗaya bayan ɗaya lissafinsa ya fita daidai, littafin tikiti guda aka ƙirga masa sau biyu. Amma da na buɗe amsar kwerinsa layi uku ne, wani abokin aikinsa ya rubuta masa, cewa yana roƙon a yi haƙuri a yafe masa, bazai sake ba, yana da iyali. Shi a ransa ladabi yayi, haka aka tarbiyyantar damu, babba in yayi maka faɗa ka sunkuyar da kai kace ayi haƙuri. Lauyan hukuma kuwa ya ɗaga takardar nan a gaban alƙali yace ga amsa laifi da hannunsa. Mun sha wuya ƙwarai kafin mu fita daga ramin da layi ukun nan suka haƙa. Don Allah duk wani direba ko kwandasta ko ma'aikacin jirgin ƙasa dake karanta wannan, in an baka kweri ka amsa abinda aka tambaye ka, ka faɗi abinda ya faru da rana da lokaci da sunan wanda yake wurin, in baka yi ba kace baka yi ba cikin ladabi, kayi fotokwafi, kasa a buga maka sitamfi a naka kwafin cewa an karɓa.

Wani abu da zai taimaki Baba, tunda sun rubuta dalilin korar a takarda to wuyansu ya ɗauka. Kotun Ƙoli a shari'ar kamfanin Shell da Olarewaju a 2008 tace maigida in ya faɗi dalili sai ya tabbatar dashi a gaban kotu. Kenan sai sun kawo wanda ya tare motar a hanya, da rahoton da ya rubuta ranar, da manifes ɗin tashar da aka taso, da yawan mutanen da aka ƙirga a cikin mota. In duk hujjarsu ita ce wani ya bugo waya yace ya gani, wannan bazai tsaya da ƙafarsa ba.

Mutane kuma suna yawan ce min ai sata laifi ne na kotu, tunda ba'a kai shi wurin 'yan sanda ba basu da ikon korarsa. Wannan fahimta ta samo asali daga shari'ar Garba da Jami'ar Maiduguri ta 1986, inda aka kori ɗalibai bayan tarzoma Kotun Ƙoli tace zargin manyan laifuka aikin kotu ne ba na kwamitin makaranta ba. Amma daga baya, a shari'ar Yusuf da bankin Union a 1996 da wasu bayanta, kotun ta bayyana cewa maigida ba sai ya jira an gama shari'ar laifi ba kafin ya sallami ma'aikaci kan babban rashin ɗa'a, muddin ya bashi damar kare kansa. Don haka kar ku jingina da wannan hujjar ita kaɗai, bangon ya tsufa.

Sai dakatarwar wata huɗu ba albashi. Dakatarwa ba kora bace, mutum yana nan a matsayin ma'aikaci, kuma hana shi albashi a lokacin sai in sharuɗɗan aikin sun bada wannan ikon a fili. A tsarin tarayya ma akwai nau'in dakatarwar da ake biyan aƙalla rabin albashi har a gama bincike, kuma an ce a kammala ladabtarwa cikin kwana 60 sai dai in maganar ta shafi shari'ar laifi. In nasu littafin bai basu ikon riƙe albashi ba to kuɗin wata huɗun nan bashi ne a kansu, ko da korar ta tsaya. Haka nan abinda ake yi wa direbobi na yanke musu albashi da sunan tara, taya ta fashe a cire, gilashi ya tsage a cire, Dokar Ƙwadago a sashe na 5 ta hana cire tara daga albashi, asarar da ma'aikaci ya jawo da gangan ko sakaci ma sai da amincewar jami'in ƙwadago a rubuce, kuma duk abinda za'a cire a wata bazai wuce kashi ɗaya cikin uku na albashin ba. Direbobi kaɗan ne suka san wannan, ana ta cire musu suna cewa Allah ya isa a zuci.

In kuma ya zamana Baba na kwantiragi ne fa? Da can abinda zai samu bai wuce kuɗin notis ba, wanda a Dokar Ƙwadago wata ɗaya ne ga wanda ya shekara biyar ko fiye, wato shekara goma sha huɗu a sallame ka da albashin wata guda. Amma tun bayan gyaran 2010 Kotun Ma'aikata ta samu ikon duba abinda ake kira rashin adalci a harkar aiki da kuma yadda ake yi a sauran duniya, tana yawan jingina da yarjejeniya ta 158 ta Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya wadda tace ba'a korar ma'aikaci sai da ingantaccen dalili, kuma a 2020 Kotun Ɗaukaka Ƙara a shari'ar Sahara Energy da Oyebola ta goyi bayan bada diyyar da ta wuce kuɗin notis nesa ba kusa ba. Sannan akwai abinda ni a ganina ya fi kuɗin, a sa su mai da kora ta koma sallama ta mutunci. Wanda aka kora bisa zargin cin kuɗi yakan rasa haƙƙoƙinsa na barin aiki, kuma tabon yana binsa, duk tashar da yaje neman mota labari ya riga shi isa.

Yanzu abinda yafi komai gaggawa, kuma shi yasa ban bar amsar nan ta kwana ba, shine lokaci. Baka gaya min ranar da aka bashi takardar korar ba. Akwai dokar kare jami'an gwamnati wadda tace duk mai ƙarar hukuma kan aikinta ya shigar cikin wata uku, jihohi ma suna da irin tata. A 2019 Kotun Ƙoli a shari'ar hukumar rabon arzikin ƙasa da Johnson tace dokar bata shafi yarjejeniyar aiki ba, muka ji daɗi, sai kuma a 2021 a shari'ar Idachaba da Jami'ar Noma ta Makurdi aka yi amfani da ita aka kori ƙarar ma'aikata. Tunda maganar tana kai da komowa haka, ni shawarar da nake bawa kowa ita ce ka ɗauka wata uku gareka daga ranar da takarda ta shiga hannunka, kar ka zama kai ne za'a gwada dokar a kanka. Banda wannan, dokokin da suka kafa hukumomi da yawa suna cewa sai ka aika musu takardar sanarwa cewa zaka kai su ƙara ka jira wani lokaci kafin ka shigar, dokar Hukumar Jiragen Ƙasa ta Najeriya ta 1955 ma tana da irin wannan sharaɗin. Lauyanku ya nemo dokar da ta kafa hukumar su Baba ya karanta wannan sashen kafin komai, domin in ba'a aika sanarwar ba suna iya tsayar da ƙarar tun daga bakin ƙofa.

Nasan al'adarmu, za'a ce a bari a je a ga wane, a kama ƙafa da wani babba, a samu ɗan majalisa ya sa baki. Ban hana ba wallahi, sau da yawa ma sulhun yafi, ita kanta kotun tana da cibiyar sasantawa kuma alƙalanta suna tura mutane can. Amma kwanakin da ake zaryar gidan manya suna cikin lissafin wata ukun nan, ba'a tsayar da agogo don ana roƙo. Na ga dattijon da ya shafe wata bakwai ana ce masa oga yayi tafiya, dawo mako mai zuwa, fayil ɗinka yana kan tebur, ranar da yazo wurina yana zaune yana juya hularsa a hannu, ni kuma ina duba kwanan watan dake kan takardarsa nasan aikin ya riga yayi nauyi. Ku yi biyun a tare. Ku rubuta takardar ɗaukaka koke zuwa ga shugaban hukumar ko hukumar gudanarwa kamar yadda littafin aikinsu ya tsara, ku karɓi shaidar an karɓa, ku sanar da ƙungiyar ma'aikatansu a rubuce, a lokaci guda lauya yana shirya takardun kotu.

Kuma ka ja kunnen Baba kan abu biyu. Kar ya sa hannu a kowace takarda da bai gane ba, musamman in an ce zo ka rubuta ka ajiye aiki da kanka mu rufa maka asiri, ko zo ka karɓi ɗan abinda ya rage maka ka sa hannu cewa ba ka bin mu komai, domin gobe za'a ce ya amince da korar. Na biyu ya maida duk kayan hukuma dake hannunsa, makulli, katin shaida, riga, a rubuta masa an karɓa, amma yayi fotokwafin katin tukunna.

Bazan ɓoye maka ba, shari'a tana cin lokaci da kuɗi, ko kun ci suna iya ɗaukaka ƙara zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara wadda a irin wannan shari'ar ita ce ta ƙarshe, kuma karɓo kuɗi daga asusun gwamnati bayan hukunci wani aikin ne daban, akwai matakin da sai an nemi amincewar Antoni Janar. In hali bai kai na lauya ba ku fara leƙawa ofishin Hukumar Bada Tallafin Shari'a ta jiharku, ko Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a wadda bata karɓar kuɗi, sai dai ita bata yanke hukunci kamar kotu, kuma zuwa wurinta baya tsayar da wa'adi.

Daga abinda ka faɗa, in har babu kweri ko an bashi amma ba'a nuna masa rahoton da aka kafa hujja dashi ba, kuma takardar ɗaukarsa ta nuna cikakken ma'aikaci ne, ina ganin Baba yana da ƙara mai ƙarfi. Ka turo min ranar dake kan takardar korar da ranar da ta shiga hannunsa, da wanda ya sa mata hannu da muƙaminsa, da abinda ya rubuta a amsar kweri in akwai, ka rufe sunansa da lambar fayil kafin ka ɗauki hoton. Ka gaida min Baba, kace masa ya tattara takardun nan wuri ɗaya a daren yau.